Issa na Maraɗi, Mai Duba Jan Kwando

Ƙarfe bakwai da rabi na safe, tun masu shagunan kasuwar Canaan a nan Guangzhou ba su ɗaga ƙofofinsu ba, Issa Harouna ya riga ya kai bene na huɗu. Ba ya hawa lif, wai ƙafa ma tana da haƙƙinta. Hannu ɗaya gorar shayi, ɗayan lema, ko da hadari ko babu. Yakan wuce masu awon kaya, ya shiga wani ɗan ɗaki a ƙuryar ofishin kago, wato kamfanin aika kaya gida, ɗakin da in ka ware hannuwa za ka taɓa bango biyu. Ya goge tabarau da bakin riga, ya yi bisimilla, ya kunna kwamfuta. Daga nan ba abin da ke tashinsa sai azahar. Shekara goma sha huɗu ke nan yana haka, kuma rabin mutanen da kayansu ke bi ta hannunsa ba su san kamanninsa ba.

Ƙarshen watan nan zai koma Maraɗi. Idanu sun gaji. Likita ya ce ya rabu da hasken kwamfuta in yana son ya riƙa gane jikokinsa. Shi ya sa na ce sai na yi magana kafin ya tafi.

Ni ne Alhaji Sabiru Maidaji, mai wandunan jins na garin Xintang. Shekarata saba'in da huɗu, ban taɓa zama a aji ba. Faɗa nake yi, maiɗakina Hajiya Sabuwa tana rubutawa, ita ce ta yi boko. Na ƙetare Sahara sau uku a bayan mota. Rumfata ta ƙone sau biyu, na tashi. Annobar da ta rufe duniya a garin nan ta same ni, ta gaji ta wuce ta bar ni. Mutanen da na yaba a rayuwata ba su cika yatsun hannu ɗaya ba, kuma biyu sun rasu. To in kun ji na buɗe baki a kan mutum, ku gyara zama.

Ga wanda bai san aikin ba, bari in fayyace. Duk mai aika kaya gida, Kano ne ko Maraɗi ko Yamai, sai ya rubuta abin da ke cikin kwalayensa, ya ɗauki hoton takardar da waya, ya ɗora a shafin kamfanin. A can ciki akwai na'ura mai karatu. Takan karanta rubutun, ta jefa takardar a kwandon da ta ga ya dace: tufafi, takalma, kayan gida. Waɗannan koraye ne, sai su wuce. Akwai jan kwando, na kayan da ba sa tafiya sai da izinin hukuma, irin su batir da magani da tsirrai. Abin da ya faɗa nan, a sito ake kulle shi har mai bincike ya zo. Sai kwando na ƙarshe, ruwan ɗorawa, inda take ajiye abin da ya fi ƙarfinta, ta rubuta a kai: a nemo mutum. Mutumin nan shi ne Issa.

Da can da hannu yake rarraba takardun. Da aka kawo na'urar, shekara shida baya, mutane suka ce Issa ya fara ɗaure kayansa. Ashe ta zo ne ba ta san komai a kanmu ba. Ta iya Sinanci, ta iya Turanci mai tsabta, amma mu wa ya ce haka muke rubutu? Wani a bayan kwalin sabulu zai rubuta. Wani da ajami. Ɗan Nijar ya cakuɗa Faransanci da Hausa. Wani ya ɗauki hoto babban yatsansa ya rufe rabin layi. Issa ne ya zauna da ita shekara biyu, takarda bayan takarda, yana ce mata wannan atamfa ce, wannan shadda ce, wannan gyale ne ba labule ba. Duk abin da ta sani game da mu, a wurinsa ta koya.

Aikin da aka bar masa bayan zuwanta shi ne ruwan ɗorawa kawai. In na'ura ta ce ja, magana ta ƙare, ba ruwan kowa. Amma Issa kullum da jan yake fara safiya. Na taɓa tambayarsa dalili. Ya ce, "Alhaji, in ta ce ba ta sani ba, hankalina kwance. Ranar da ta ce ta tabbata, ran nan nika buɗe ido."

Ku tambayi Hajiya Rekiya mai sayen leshi a kasuwar Shisanhang. Ta ɗora jerin kayanta a kan takardar maganin hawan jininta ta ɗauki hoto, na'ura ta karanta gefen ta ce magani ne, ta kulle leshi kwali tara. Issa ne ya gani, ya kira ta ta sake hoton. Ku tambayi Souleymane, wanda unguwarsu ɗaya da Issa a Maraɗi. Ya rubuta kayan wasan yara, alhali rabin kwalin batir ne. Na'ura ta ba shi kore. Issa ya ga nauyin bai yi kama da kayan wasa ba, ya mayar da shi ja da hannunsa. Souleymane ya yi wata uku ba ya amsa masa gaisuwa. Abin da Issa ya ce kawai shi ne, jirgin da zai ɗauki kwalin nan akwai mutane a cikinsa.

Sannan akwai gwangwaninsa. Kun san ƙananan ƙullin farar tsakuwar nan da ake samu a kwalin takalmi, masu shanye laima, waɗanda kowa ke zubarwa? Issa tsince su yake yi, ya tara a wani babban gwangwanin madara a ƙarƙashin tebur. Ni ne kan gaba wajen yi masa tsiya. Nakan leƙa in ce, "Ɗan Maraɗi, yaushe za a buɗe shagon gishirin?" Shi kuwa ya ce, "Sai ranar da Bakano ya koyi yin shiru."

Yanzu ga abin da ya sa na tara ku.

Mahaifinmu, Malam Ibrahim Khalil, marubucin Alƙur'ani ne a cikin birnin Kano. Mu biyu ne maza. Yayana Malam Abdulrasheed ya zauna a gabansa har ya gaji alƙalaminsa. Ni kuwa ina ɗan shekara tara na sulale na shiga kasuwa, ban dawo ba. Ban yi nadamar kasuwa ba, ta yi min komai. Amma har Baba ya koma ga Allah bai taɓa ganin tawada a yatsana ba, kuma na san ya so ya gani.

Alƙur'anin ƙarshe da ya rubuta yana hannun Yaya a cikin gafaka, ya haura shekara sittin. Gara ta ci gefuna, takardun sun bushe, ka ɗaga ɗaya ta karye a hannunka. Bara waccan, saura wata guda azumi, Yaya ya kira ni. Yana kwance, ƙoda ta gaza, muryarsa kamar daga cikin rijiya.

Ya ce, "Sabiru, ina so in yi azumin nan da rubutun Baba. Ban san ko zan ga wani ba."

Ya samo mai gyaran tsofaffin littattafai, mutumin ya duba ya ce in aka sa masa takardar kanti da gam, an kashe shi. Sai dai wata takarda da ake yi a Japan da ɓawon itace, siririya har rubutu na fitowa ta bayanta, wadda ake shimfiɗawa a kan tsagar ta riƙe ta.

"Kai da kake maƙwabtaka da su, ka shiga ka karɓo mana."

Yaya ya ɗauka Japan bayan gidana take. Ban gyara masa ba. Na ce, "Yaya, an gama."

Kwana huɗu ina tafe da ƙafar nan tawa, har na dace da wata tsohuwa a wani lungu na unguwar Liwan, Madam Liang, mai sayar da takardun masu rubutun buroshi. Ita ke kawo ta daga Japan. Ta shimfiɗa min falle ɗaya a tafin hannu, wallahi layukan hannuna nake gani. Na ja da ƙarfi, ta ƙi yagewa. Ta ce itatuwa uku ake yin irinta da su. Akwai kozo, mai dogon zare, shi ne mai ƙarfin. Akwai mitsumata, wanda kowane reshensa ke rabuwa uku, mai laushi. Akwai gampi, wanda ba ya son a noma shi sai dai a bi shi dutse, kuma ƙwaro ba ya son takardarsa. A turara rassan, a ɓare, a kankare, a dafa, a daka, a tace a ruwan sanyi. Na saye naɗi shida. Ta ba ni rasit, ta ƙara min da wani ɗan littafi mai hotunan itatuwan da bayaninsu.

To mu tsofaffin ’yan kasuwa muna da wata al'ada. Takarda ba ta yi mana yawa. In ma'aikaci ya nemi ɗaya, ka dire masa biyar, ya san ba da ƙaramin mutum yake magana ba. Shekara hamsin dabarar nan tana fitar da ni a kan iyakoki. Ran Litinin na kai kwalina ofishin kago, jirgi zai tashi Alhamis. Hajiya Sabuwa ta ce in hau sama Issa ya ɗora min takardun. Na ce ni da na ƙetare Sahara, hoto ne zai gagare ni? Na ɗauki rasit. Na ɗauki ɗan littafin nan shafi-shafi, har goma sha biyu. Na ɗora duka, na tafi gida ina jin kaina.

Talata da safe waya ta yi ƙara.

"Alhaji, kun tashi lahiya?"

"Lafiya lau, mai gishiri. Me ya faru?"

"Mi ka ɗora min nan? Gona za ka aika Kano?"

Na'ura ta karanta ɓawo, ta karanta saiwa, ta karanta reshe da sunayen itatuwa shafi goma sha biyu. Rasit ɗaya tilo mai cewa takarda ya nutse a cikinsu. Ta jefa kwalina a jan kwando, wajen tsirrai, kuma tun jiya da yamma mota ta kai shi siton da ke bayan gari. Mai bincike sai bayan mako uku.

Wanda ya zauna a Guangzhou ya san lokacin da nake magana. Lokacin da bango ke zufa ne, madubi ya yi hazo, riga ta kwana uku a igiya ba ta bushe ba, takalmin fata ya yi furfura a cikin akwati. Mako uku a siton nan, ba takarda za a fito min da ita ba, kunu ne. Ko da ta tsira ma, azumi ya kama, mai gyara bai fara ba, Yaya kuwa yana ƙirga kwanaki.

Na hau bene huɗun nan ban san na hau ba. Na shiga ina faɗa, na zagi na'ura, na zagi wanda ya ƙera ta. Issa ya bari na gama, ya zuba min shayi a murfin gora.

Ya ce, "Bon. Zauna, Alhaji. Takardar mi ce wagga, da har ta hawo da kai bene huɗu da faɗa?"

Ni ban saba faɗa wa mutum damuwata ba. Ran nan na faɗa. Ya cire tabarau, ya daɗe yana goge su. Sannan ya tashi ya nufi ofishin lauban, wato maigidan kamfanin, ni ina biye.

Lauban bai bari ya kai ƙarshe ba. "Meyo, meyo!" Babu ke nan a bakinsu. Ya ce batir ko magani ana iya dubawa, amma tsirrai ba wasa ba ne. Duk wanda ya sauya hukuncin na'ura a kan tsirrai, sunansa ne zai hau takardar. In kwastan suka buɗe suka ga ko ganye ɗaya, ko ƙwayar iri ɗaya, izinin aikin mutumin ya tafi, shi ma ya bi shi. Ya dubi Issa ya ce, "Sunan wa za a sa?"

Issa ya ce, "Nawa."

Na ɗauka shi ke nan, zai koma ya danna kore. Ina! Muna fitowa ya ɗauki lema, ya juye gwangwaninsa kaf a cikin jaka.

Na ce, "Malam Issa, ba ka yarda da maganata ba ne? Ni Sabiru zan yi maka ƙarya?"

Ya ce, "Na yarda da kai, Alhaji. Amma ba ni sa sunana ga abin da idona bai gani ba. Ko uwata ta aiko shi."

Muka fara da Madam Liang. Abin da ya tsaya masa shi ne saiwar da littafin ya ambata, ta wani tsiro na huɗu. In akwai saiwa a cikin kayan, na'ura ta yi gaskiya. Tsohuwar ta buɗe masa shafin, ta nuna furen, ruwan ƙwai mai duhun ciki. Ta ce saiwarsa ake daka a jiƙa, ta ba da wani ruwa mai santsi da ake zubawa a kwarmin tace takarda, don kada zaren ya dunƙule. In takarda ta bushe, ba a ganin ko alamarsa. Issa ya kafa wa furen ido, sai ya fashe da dariya, irin wadda ban taɓa ji a bakinsa ba.

"Alhaji, diba! Wanga ai ɗan'uwan kuɓewa ne. Yauƙi ne! Mutanen Japan da miyar kuɓewa suka yin takarda!"

Ya fassara wa tsohuwar, ita ma ta yi ta dariya har da riƙe ciki. Ta rubuta masa shaida cewa kayan takarda ce gamammiya, dafaffiya, ba ɓawo ba saiwa, ta buga hatiminta ja.

Daga nan bas biyu muka hau zuwa sito, ruwa na tsiyaya. Mun tarar da kwalin a ƙasa, gindinsa ya fara jiƙa. Kwana ɗaya tak. Issa ya ɗora shi a tebur, ya wanke hannu ya goge, ya warware naɗi shidan nan ɗaya bayan ɗaya. Kowane sai ya ɗaga shi a hasken ƙofa ya bi shi da ido daga farko har ƙarshe, da idanun nan nasa da tun lokacin suke masa ciwo. Ni ina tsaye ina duba agogo ina huci, shi ko a jikinsa. Da ya gamsu, ya ɗauki hoton takardar da shaidar tsohuwar, ya ɗora, ya cire shafukana goma sha biyu, ya mayar da kwalin kore, ya sa sunansa. Sannan ya nemi sabon kwali da leda, ya zazzage tsakuwar da ya yi shekaru yana tarawa, ya cusa ta ko'ina a jikin naɗin, ya liƙe.

Ya ce, "Ga gishirinka, Alhaji. Kyauta ne."

Ban sami abin cewa ba. Ku rubuta wannan, don bai taɓa faruwa ba.

Kwali ya tashi Alhamis. Ya isa Kano a bushe ƙamas. Mai gyara ya zauna a ɗakin Yaya yana liƙa falle-falle, wanda ya bushe ya miƙa masa. Yaya ya yi azumin nan da rubutun Baba a kan ƙirjinsa, ya sauke a daren ashirin da tara. Bayan Babbar Salla Allah ya karɓi abinsa.

Issa kuwa bai bar maganar nan ba. Sati biyu yana neman takardun masu irin wannan sana'a yana nuna wa na'urar, har ta gane cewa abin da aka yi da itace daban, itacen daban. Yau ko ka ɗora mata littafin Madam Liang gaba ɗaya, ba ta kulle maka kaya, sai dai ta ce a nemo mutum.

Shekara biyu ina ba da labarin nan a majalisa ina cewa na'ura ce ta yi hauka. Issa yana zaune yana ji, bai taɓa ɗaga kai ba. To yau na faɗa da bakina: ni na yi kuskuren. Abin da na ba ta shi ta karanta. Hajiya Sabuwa ta ce in maimaita don ta tabbata ta ji daidai. Ba zan maimaita ba.

Issa, kai ne mai duba abin da aka ce an gama dubawa. Kai ne ka sa sunanka da zamanka a ƙasar nan a kan kwalin wani tsoho mai yi maka tsiya, kuma ba ka sa ba sai da ka gani. Ka rufa min asiri a gaban mutane, ka rufa min a gaban yayana, wanda ya tafi yana cewa ƙaninsa ya cika alkawari. Abu ɗaya na taɓa yi wa alƙalamin mahaifina a duniya, kuma da hannunka na yi shi. Na gode. Allah ya haskaka idanunka, ya sa ka tarar da gida lafiya.

Ku kuma masu zama a gaban na'urori, a nan da gida, ’ya’yanmu masu ilimin da mu ba mu samu ba, ku ɗauki halin mutumin nan. In ta nuna ja, ku tuna akwai mai kaya a bayan jan. Ku ɗaga waya. In ta kama, ku ɗauki lema.

Saura abu ɗaya. Kafin Yaya ya rasu, ya sa an yanko masa ragowar takardar, faɗin yatsa uku, ya rubuta addu'a da alƙalamin Baba, ya sa sunan Issa a ƙasa, ya aiko a ba shi. Ban ba shi ba. Rubutun Yaya na ƙarshe ne, na kasa rabuwa da shi, shekara biyu yana aljihun ƙirjina. Juma'ar da ta wuce, da muka dawo daga masallaci, na hau benen na ajiye masa a kan tebur, na faɗa masa gaskiya.

Ya ɗaga ta a hasken taga, ya matso da ita dab da ido, ya karanta a hankali leɓɓansa na motsi. Hannun Yaya ya yi rawa sosai a wurin, layukan sun hau juna. Na ga idon Issa ya kawo ruwa, ni kuma ba na son irin wannan, sai na ce, "To malamin na'ura, ɗalibarka a wane kwando za ta sa wannan?"

Ya murmusa, ya ɗauki hotonta, ya ɗora. Muka zuba wa kwamfuta ido. Abin ya yi ta juyawa, ya yi ta juyawa, sannan ruwan ɗorawa ya fito. Issa ya karanta min abin da ta rubuta: a nemo mutum.

Na ce, "Faɗa mata an samu."